Makarantar Lokaci da Ƙanƙara: Gurbinta a Darasin Hausa

Gabatarwa

Duk wanda ya san unguwar Na'ibawa, wadda take bakin birnin Kano ta hanyar Zariya, ya san cewa wuri ne da ba a wasa da lokaci a cikinsa. Tun da asuba motocin tasha suke fara lodin fasinjojin Kaduna da Abuja, manyan motoci suna sauke kaya a kasuwar 'Yan Lemo, kafin hantsi kuma ƙarar injin zarto ta cika 'Yan Katako. Cikin wannan hada-hada ake ganin ma'aikata suna sammako zuwa masana'antun Sharaɗa da Challawa da Bompai, inda makara ta 'yan mintoci take iya jawo wa mutum asarar kuɗin aikin yini. Direba da ɗan dako da ladani da ma'aikacin kamfani, kowa da agogo yake aiki, ko na hannu ko na bango ko kuwa na cikin waya. Abin da yawancinsu ba su sani ba shi ne, a cikin kusan kowane ɗaya daga waɗannan agoguna akwai wani ɗan ɓarɓashin dutse wanda bai kai ƙwayar shinkafa girma ba, kuma shi ne yake ƙirga musu lokacin.

Wannan maƙala tana kare ra'ayi guda ne. Ra'ayin kuwa shi ne, ya kamata malamin Hausa ya ƙaga wa ɗalibansa wata makaranta a cikin tunani, wadda ba a nazarin komai a cikinta sai lokaci da duwatsu masu tsari, ya kafa ta a unguwa irin Na'ibawa, sannan ya riƙa shiga da su cikinta a darussan insha'i da auna fahimta da ƙirƙirar kalmomi. Makarantar ba ta da harsashi ko ɗaki a ko'ina. Amma duk abin da za a koyar a cikinta gaskiya ne tsagwaronta, kuma ilimi ne da ɗan Bahaushe bai cika samun mai yi masa bayaninsa da harshensa ba.

Me Ake Nufi da Ƙanƙara?

Akwai wani dangi na daskararrun abubuwa da masana kimiyya suke kira kiristal. Kiristal shi ne duk abin da ƙwayoyin zarrar da suka haɗu suka yi shi suke jere bisa tsari guda, tsarin yana maimaita kansa ta kowace fuska, kamar yadda magini yake jera tubali. Wannan jeri na ciki shi yake fitowa fili a siffar waje. Shi ya sa idan aka duba ƙwayar gishiri da gilashin ƙara girma za a gan ta kamar ɗan akwati mai fuska shida madaidaita, farin dutsen da ake kira kwaz kuma yakan fito da gefe shida da tsini a ka. Sukari yana cikin wannan dangi, haka alam da kanwa da yaƙutu da zumurrudu. Gilashi da ƙarau kuwa, duk da ƙyallinsu, ba sa ciki, domin ƙwayoyinsu a hargitse suke.

Kalmar kiristal ta samo asali ne daga Girkanci, inda take nufin daskararren ruwa, domin mutanen da sun ɗauka cewa farin dutse mai garai-garai ruwa ne da ya daskare har abada. Abin sha'awa shi ne, Bahaushe ma ya bi irin wannan hanya. A wurinsa ƙanƙara tana nufin ruwan da ya daskare, tana kuma nufin dutsen da ake ƙyasta wuta da shi. Dutsen ƙyastu kuwa, a binciken masana, tarin ƙananan ƙwayoyin kwaz ne da suka manne da juna. Ke nan harshen Hausa yana da tsohuwar kalma wadda za a iya faɗaɗa ma'anarta ta ɗauki wannan dangi baki ɗaya, kuma wannan ne dalilin raɗa wa ƙagaggiyar makarantar suna Makarantar Lokaci da Ƙanƙara.

Yadda Dutse Ya Zama Mai Ƙirga Lokaci

Mai karatu zai iya tambayar abin da ya haɗa lokaci da dutse har a yi musu makaranta ɗaya. Amsar tana fuskar agogon bango, inda ake yawan ganin an rubuta kalmar Quartz, wato kwaz ɗin da aka ambata. A shekarar 1880 wasu 'yan'uwa biyu a ƙasar Faransa, Jacques Curie da Pierre Curie, suka gano cewa idan aka matse wannan dutse yakan fitar da 'yar wutar lantarki. Ba a daɗe ba aka tabbatar da akasin haka, wato idan aka tura masa lantarki yakan motsa. Irin wannan ɗabi'a ce take sa laitar gas ta yi tartsatsi idan aka danna ta.

A shekarar 1927 Warren Marrison da J. W. Horton suka ƙera agogon kwaz na farko a ɗakin binciken kamfanin Bell da ke Amurka. Na'ura ce babba wadda ba ta fita daga ɗakin gwaji. Sai ranar 25 ga Disamba, 1969, kamfanin Seiko na ƙasar Japan ya fito da agogon hannu na farko mai aiki da kwaz, kuma kuɗinsa a lokacin ya kai na ƙaramar mota. A yau irinsa ne masu talla suke zagayawa da shi a bakin tasha.

Yadda yake aiki ba shi da wuyar fahimta. Ana yanka ɗan ɓarɓashin kwaz a siffar gwafa, a rufe shi cikin ɗan mitsitsin bututun ƙarfe. Batir yana tura masa lantarki, shi kuma yana kaɗawa sau 32,768 a kowane sakan. Ba da ka aka zaɓi wannan adadi ba. Idan aka raba shi biyu za a samu 16,384, a sake rabawa a samu 8,192, haka za a yi ta tafiya har sau 15, sai a dira a kan 1. Aikin 'yar na'urar lantarkin da ke cikin agogon ke nan: ta yi ta raba kaɗawar gida biyu har ta fitar da bugu ɗaya a sakan, bugun nan ne yake tura hannun agogo. Saboda tsarin ƙwayoyin dutsen ba ya sauyawa, kaɗawarsa ma ba ta cika sauyawa ba. Don haka agogon kwaz mai lafiya ba ya yawan kuskuren da ya wuce rabin minti a wata, alhali agogon wani na gama-gari yakan yi wannan kuskure cikin 'yan kwanaki. Tsananin zafi ko sanyi yakan rage masa sauri kaɗan, domin an tsara shi ne ya fi daidaita a matsakaicin yanayi.

Zaurukan Makarantar

A ƙaddara cewa an gina makarantar bisa fasalin gidan Bahaushe, mai zaure huɗu, ɗaya yana kaiwa ga ɗaya.

A zauren farko ana nazarin lokaci kamar yadda Bahaushe ya san shi kafin zuwan agogo. Ya raba yini da dare zuwa asuba da sassafe da hantsi da walaha da rana tsaka da azahar da la'asar da la'asar sakaliya da almuru da lisha da talatainin dare. Ya raba shekara zuwa bazara da damina da kaka da hunturu da rani. Ya san Gamzaki da Zara da Kaza da 'Ya'yanta. Malamai masu lissafin taurari sun riƙe manziloli 28, kowanne mai kwana 13, suna gane shigar damina da fitarta da su, har sun tsara su cikin waƙoƙin ajami don sauƙin hadda. Watannin Musulunci ma sun samu laƙabin gida, irin su watan cika-ciki da watan azumin tsofaffi da watan babbar salla. A nan ne ɗalibi zai gane dalilin da ya sa azumi yake zagaya yanayi: shekarar wata kwana 354 ce, ta rana kuwa 365, saboda haka kowace shekara azumi yakan matso da kimanin kwana 11. A nan kuma zai ji tarihin kalmomin da yake furtawa kullum. Agogo kalmar aro ce daga Yarabanci, inda take nufin ƙararrawa. Faɗin ƙarfe biyu ko ƙarfe uku ya samo asali daga bugun ƙarfe da ake yi don sanar da awa. Daƙiƙa a Larabci minti take nufi, amma Hausar yau ta fi amfani da ita a ma'anar sakan.

A zaure na biyu ana kwatanta lokacin rana da lokacin hukuma. Kafin jirgin ƙasa ya iso Kano a shekarar 1911, kowane gari da inuwarsa yake aiki. Jirgi da waya da ofis ne suka tilasta wa garuruwa masu nisa da juna su bi agogo ɗaya, kuma tun shekarar 1919 Nijeriya take gaban lokacin Girinwic na ƙasar Ingila da awa ɗaya. Sai dai rana ba ta bin dokar hukuma. Duniya tana juya digiri ɗaya cikin minti huɗu, Kano kuma tana kimanin digiri takwas da rabi ne gabas da Girinwic, wato ranarta tana gaba da minti 34 kawai. Wannan ya sa rana ba ta yin tsaka a Kano da ƙarfe 12:00 daidai. Zawali yakan kama tsakanin kimanin 12:10 a farkon Nuwamba da 12:40 a watan Fabrairu. Haka kuma, tazarar kusan digiri takwas da ke tsakanin Maiduguri da Sakkwato ita ce take sa mutanen Borno su riga Sakkwatawa shan ruwa da kusan rabin awa, alhali agogonsu ɗaya ne.

Zaure na uku na gishiri da kanwa ne. Ƙarnoni da dama ayarin raƙuma suna ratsa Sahara daga Agadas zuwa Bilma, suna ɗauko kantu da beza zuwa kasuwannin ƙasar Hausa, ungurnu kuma tana zuwa daga yankin Tafkin Chadi. Mutanen Bilma suna tara ruwan gishiri a ramuka, rana ta ƙone ruwan, ƙwayoyin gishiri su fito. Duk mai wannan sana'a ya san abin da masana suka tabbatar daga baya, wato idan ruwa ya ƙafe a hankali ƙwayoyin sukan yi manya, idan ya ƙafe da sauri sukan yi ƙanana. Ashe girman ƙwaya shaida ce ta tsawon lokacin da ta ɗauka tana girma. Da wannan ma'auni ake karanta duwatsu irin Kufena ta Zariya, waɗanda manyan ƙwayoyinsu suke nuna cewa narkakken dutse ne ya huce sannu a hankali a ƙarƙashin ƙasa. Daga wannan zaure ana hango masana'antun Kano: majemun Challawa da Sharaɗa da gishiri suke tsare fatu da ƙiraga daga ruɓewa, mai dafa alewa kullum kokawa yake da yadda sukari yake daskarewa, faifan sola da suka cika rufin gidaje kuma yawancinsu yankakken kiristal ne na sinadarin silikon, wanda daga kwaz ake tace shi.

Zaure na huɗu shi ne na binciken da ake kai yanzu. A shekarar 1955 Louis Essen ya jagoranci ƙera agogon farko mai inganci da ke aiki da ƙwayar zarra ta siziyam a Ingila, a shekarar 1967 kuma ƙasashen duniya suka amince cewa sakan ɗaya shi ne kaɗawa 9,192,631,770 ta hasken da ke da alaƙa da wannan ƙwaya. Irin waɗannan agoguna ne suke cikin taurarin ɗan'adam da ke nuna wa direba hanya a waya. A shekarar 2012 Frank Wilczek, wanda ya ci kyautar Nobel a 2004, ya kawo wata tambaya: tun da akwai abin da tsarinsa yake maimaita kansa a wuri, shin za a samu wanda tsarinsa yake maimaita kansa a lokaci? Ya kira shi kiristal na lokaci. Da farko an ɗauki zancen kamar tatsuniya, amma a shekarar 2017 masu bincike a jami'o'in Maryland da Harvard suka wallafa sakamakon gwajin da ya nuna wani nau'i nasa. Ga shi nan, abu biyun da ƙagaggiyar makarantar ta haɗa a sunanta sun haɗu a ɗakin gwaji.

Ƙage Ya Sha Share wa Gaskiya Hanya

Ƙaga makaranta a takarda ba sabon abu ba ne. Francis Bacon na ƙasar Ingila, wanda ya mutu a shekarar 1626, ya bar wani ɗan littafi mai suna New Atlantis, inda ya siffanta wani tsibiri da babu shi, mai ɗauke da gidan bincike da ya kira Gidan Sulaimanu, cike da ɗakunan gwaji da masana masu raba aiki a tsakaninsu. A shekarar 1660 aka kafa ƙungiyar masana kimiyya ta Royal Society a Landan, kuma masu tarihi sun yarda cewa hoton da Bacon ya zana yana cikin abubuwan da suka zaburar da waɗanda suka kafa ta.

Haɗa nazarin lokaci da na duwatsu kuma yana da asali a tarihin ilimin Musulmi. Abu Raihan Albiruni, wanda aka haifa a shekarar 973 a yankin Khwarizm, ya rubuta Al-Athar al-Baƙiya a kan kalandun al'ummomi da yadda suke ƙirga shekaru, ya kuma rubuta Kitab al-Jamahir a kan duwatsu masu daraja, inda ya auna nauyinsu ta hanyar kwatanta shi da ruwan da suke turewa. A manyan masallatan Misira da Sham an yi wani muƙami mai suna muwaƙƙit, wato masanin da aikinsa shi ne fitar da lokutan salla da lissafi. Mafi shahararsu shi ne Ibn Shaɗir na Masallacin Umayyawa a Dimashƙa, wanda ya yi wa masallacin agogon inuwa a ƙarni na 14.

A ƙasar Hausa ma an taɓa ɗora harsashi. A ƙarshen shekarun 1940 Rupert East da Abubakar Imam suka fitar da Ikon Allah a Zariya, littafin da ya yi bayanin halittu da al'amuran duniya cikin tatacciyar Hausa. A shekarar 1969, wadda a cikinta ɗan'adam ya taka wata kuma agogon hannu na kwaz ya shiga kasuwa, Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, ƙagaggen labarin yaron da aka kai yawo sararin sama. Waɗannan littattafai sun isa hujja cewa Hausa tana iya ɗaukar kimiyya, ko a bayani kai tsaye ko a cikin labari. Abin takaici shi ne ba a samu masu bin sawunsu da yawa ba.

Dalilin Zaɓar Na'ibawa

An zaɓi Na'ibawa ne domin yaran irin wannan unguwa su ne suka fi kowa buƙatar wannan ilimi. Iyayensu da yawa sun ci abinci a masaƙu da majemu da kamfanonin roba da na man gyaɗa, tun daga Bompai, wadda ita ce tsohuwar unguwar masana'antu, har zuwa Sharaɗa da Challawa. Tun daga shekarun 1990 masana'antu da dama suka rufe ko suka rage aiki, saboda ƙarancin wutar lantarki da kwararowar kaya masu araha daga waje. Jiniyar da take kiran masu aikin safe da na dare ta yi shiru a wurare da yawa. Sana'o'in da matasa suka koma, irin su gyaran waya da haɗa sola da gyaran na'urorin lantarki, duk a kan kiristal suka dogara. Yaron da ya iya canza allon waya ba tare da sanin abin da ke cikinsa ba zai samu na abinci, amma da wuya ya wuce mai canza kayan da wani ya ƙera.

Ga kuma batun harshe. Manufar Ilimi ta Ƙasa ta shekarar 1977 ta tanadi a koyar da yaro da harshen uwa ko na muhallinsa a shekarun farko na firamare. A shekarar 2022 gwamnatin tarayya ta amince a faɗaɗa wannan zuwa shekara shida, sai kuma a watan Nuwamba na 2025 Ministan Ilimi ya sanar da janye manufar da komawa ga Turanci a matsayin harshen koyarwa. Ko wane ra'ayi mutum yake da shi game da wannan mataki, abin da ya haifar a fili yake: darasin Hausa shi ne wurin da ya rage inda yaro zai ji an yi zancen ilimin zamani da harshen da yake tunani da shi. Idan malamin Hausa ya taƙaita darasinsa ga bukukuwa da sana'o'in gargajiya kaɗai, yaro zai tashi da zaton cewa harshensa na jiya ne, Turanci kuwa shi ne na gobe. Icce kuwa tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Sukar da Za a Iya Yi

Suka ta farko ita ce, zancen taurari da duwatsu masu ƙyalli yana kusa da duba da tsibbu. Wannan tsoro yana da dalili, domin akwai masu sayar da zobba da duwatsu suna cewa suna jawo arziki ko suna warkar da cuta, a nan gida da kuma ƙasashen Turai. Amma maganin wannan shi ne ilimin kansa. Yaron da ya shuka ƙwayar gishiri da hannunsa, ya ga yadda ta girma, ya san cewa kwaz da yashin rafi asalinsu ɗaya, ba zai yi saurin miƙa kuɗinsa ga mai cewa dutse yana sauya rabo ba. Ƙa'idar makarantar guda ce: ba a shigar da komai cikinta sai abin da za a iya aunawa, wani ma ya sake aunawa ya samu daidai. Da wannan ƙa'ida malami zai bambance wa ɗalibai lissafin taurari don sanin lokacin shuka da salla daga da'awar sanin gaibu.

Suka ta biyu ita ce, wannan aikin malamin kimiyya ne. Gaskiya ne malamin Hausa ba zai maye gurbinsa ba. Sai dai kowane darasin auna fahimta yana buƙatar matani, kowane insha'i yana buƙatar batu. Zaɓen batun yana hannun malamin Hausa, kuma babu dokar da ta ce sai ya zaɓi abin da yara suka riga suka haddace. Abin da ake nema gare shi shi ne ya tabbatar da ingancin bayaninsa, ya kuma nemi abokin aikinsa na sashen kimiyya ya duba masa. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Suka ta uku ita ce rashin kalmomi. Wannan ma ba hujja ba ce, domin babu harshen da ya zo duniya da kalmomin kimiyya. Hausa ta ari agogo da minti da batir ta mayar da su nata, ta kuma ƙirƙiri jirgin sama da tauraron ɗan'adam daga kayan gida. Hanyoyin nan na aro da fassara da faɗaɗa ma'ana su ne ɗaliban kwalejin ilimi suke karantawa a darasin fassara da ginin kalma. Makarantar Lokaci da Ƙanƙara fili ce da za su gwada su a aikace.

Suka ta huɗu ita ce, don me za a bi ta hanyar ƙage tun da gaskiya ake son koyarwa? Amsar tana cikin al'adar Bahaushe, wanda tun fil'azal da tatsuniya yake shigar da tarbiyya zuciyar yaro. Jerin shekaru da adadi yakan zube daga ƙwaƙwalwa bayan jarrabawa. Amma idan aka ba ilimi gida, aka yi masa zaure da malamai da ɗalibai, yaro yakan samu inda zai rataye kowane bayani. Sharaɗin kawai shi ne malami ya faɗa musu tun farko cewa ginin ƙage ne, kayan da ke cikinsa ne na gaske.

Yadda Za a Aiwatar a Aji

Wannan aiki ba ya buƙatar kuɗi mai yawa. Malami zai iya kafa sanda a miƙe a filin makaranta, ɗalibai su riƙa sa alama a ƙarshen inuwarta kowane minti 10 daga ƙarfe 11:30 zuwa 1:00, su gano lokacin da ta fi gajarta, su rubuta rahoto. Idan suka maimaita a watanni daban-daban za su ga zawali yana matsawa. Za su kuma ga cewa a Kano inuwar tana kusan ɓacewa sau biyu a shekara, cikin kwana goman ƙarshe na Afrilu da na Agusta, kuma tsakanin waɗannan lokuta kudu take fuskanta, sauran shekara arewa. Wajibi ne a gargaɗe su kada su kalli rana kai tsaye.

Haka kuma za a iya narkar da gishiri ko alam a ruwan ɗumi har ya ƙi narkewa, a zuba a faranti biyu, a ajiye ɗaya a rana ɗaya a inuwa, bayan kwanaki a kwatanta girman ƙwayoyin. Za a iya karɓo mataccen agogon bango daga wurin mai gyara, a buɗe, a nuna musu ɗan bututun da dutsen yake ciki, su yi lissafin raba 32,768 gida biyu har su kai 1. Za a iya tura su wurin tsofaffi su tattaro sunayen taurari da sassan dare da karin magana masu zancen lokaci, irin su rana ba ta ƙarya sai dai uwar ɗiya ta ji kunya. Daga nan sai a ba su insha'i: wani ya siffanta yininsa na farko a makarantar, wani ya rubuta wasiƙar neman shiga, wasu su yi muhawara tsakanin mai agogon inuwa da mai agogon kwaz. A wajen ba da maki, malami ya duba ƙa'idojin rubutu da kyan salo, ya kuma duba ko bayanin kimiyyar da ke ciki daidai ne, domin kyan labari ba ya wanke kuskuren adadi.

Kammalawa

An yi ƙoƙarin nuna cewa lokaci da ƙanƙara a haɗe suke, tun daga ramin gishiri na Bilma har zuwa ɗan dutsen da ke cikin agogo, kuma cewa Bahaushe yana da tsohon ilimi da kalmomin da za a ɗora sabon ilimi a kansu. An kuma nuna cewa ƙagaggiyar makaranta dabara ce ta koyarwa wadda ta taɓa yin amfani a wasu wurare. Ba sai an jira gwamnati ta ba da fili ko ta sauya manhaja ba. Ɗalibin da zai fita koyarwar gwaji a wannan zango yana iya farawa da darasi guda, da sanda da faranti da ɗan gishiri, ya rubuta abin da ya gani da kalmomin da yaran suka ƙirƙira, ya kawo wa 'yan'uwansa su tattauna. Idan aka tara irin waɗannan darussa daga kwalejoji daban-daban, za a samu abin da zai isa littafin karatu na aji guda.